Orlando Martins: Ɗan Wasan da Aka Ba Kalma Ɗaya

A shekarar 1949 aka fitar da wani fim a Ingila mai suna The Hasty Heart, wanda aka gina labarinsa a kan wani asibitin soja a ƙasar Bama, ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu. Manyan 'yan wasan su ne Richard Todd da Patricia Neal da Ronald Reagan, wanda ya zama shugaban Amurka a 1981. A gefensu akwai wani sojan Afirka da ke jinya, wanda bai iya furta kome da Turanci ba sai laƙabin da aka sa masa, watau Blossom. Wanda ya fito a wannan matsayi ɗan Nijeriya ne, Orlando Martins.

An haife shi a Ikko a 1899, ya tafi Landan a 1917. Ya yi aikin jirgin ruwa, ya yi kokawa, kafin ya sami shiga silima. A 1935 ya fito a Sanders of the River tare da Paul Robeson, fim ɗin da ya ɗaukaka mulkin mallaka har Robeson kansa ya yi tir da shi daga baya. Da aka nuna shi a telebijin ɗin Ingila a 1957, wakilin Nijeriya a Landan ya kai kuka. Daga nan kusan kullum rabon Martins bai wuce na hakimin ƙauye ko boka ba, kamar a Men of Two Worlds na 1946.

Shirun Blossom ya cancanci a tsaya a kansa. A fim ɗin an ce mutumin Basuto ne, amma sojojin Afirka ta Yamma da suka yi yaƙin Bama a Runduna ta 81 da ta 82 dubbai ne, da yawansu kuwa daga Arewa aka ɗebo su, har da Lardin Kano wanda Kazaure ke ƙarƙashinsa a wancan zamani. Hausa ce harshen bariki, hafsoshin Turawa ma sai da suka koye ta. Ke nan sojan Afirka a Bama ba bebe ba ne. Marubucin ne bai ga dalilin sauraronsa ba. Martins bai da abin aiki sai fuska da hannu. A wurin da ya miƙa wa sojan da ajali ya kusanto tsakiyar wuyansa kyauta, aka ture, ya nuna ɓacin zuciya ba tare da ya buɗe baki ba, kuma wannan na cikin wuraren da fim ɗin ya fi taɓa rai.

Ya komo Ikko a 1959. Sai a 1970, yana da shekara 70, ya fito a fim ɗin da ɗan ƙasarsa ya rubuta, watau Kongi's Harvest na Wole Soyinka. Ya rasu a Ikko a watan Satumba na 1985.