Talabijin da Ƙuri'ar Talaka

Darasinmu na yau tarihi ne: yadda talabijin ya shiga sha'anin zaɓen shugaban ƙasa.

A Nijar, talabijin ya fara a 1964 domin koyar da yara karatu. A 1979, zamanin Seyni Kunce, aka buɗe Télé Sahel saboda jama'a duka. Gwamnati ta kai akwatuna garuruwa, mutane na taruwa da dare suna kallo tare. A lokacin babu takara, balle ɗan takara. Sai bayan Taron Ƙasa na 1991 aka soma ganin masu neman mulki suna roƙon ƙuri'a ta cikin akwatin.

To, shin akwati yana iya juya ra'ayin mai zaɓe? Malaman jami'a na Amurka sun daɗe suna binciken wannan. Ga abubuwa uku da suka gano.

Na farko, ido yana rinjayar kunne. Ran 26 ga Satumba 1960, Kennedy da Nixon suka yi muhawara a talabijin, mutane wajen miliyan 70 suna kallo. Nixon bai jima da fitowa asibiti ba, ga rama, ga gumi. A 2003 wani malami, James Druckman, ya gwada muhawarar ga ɗalibai: wasu suka kalla, wasu suka ji murya kaɗai. Masu kallo sun fi ba Kennedy nasara.

Na biyu, akwati yana zaɓa maka abin da za ka yi taɗi a kai. A zaɓen 1968, McCombs da Shaw suka tambayi mutanen garin Chapel Hill abin da ya fi damunsu. Amsarsu ta zo daidai da abin da jaridu da talabijin suka fi maimaitawa.

Na uku ya girmi sauran. A zaɓen 1940, zamanin rediyo, Lazarsfeld ya gano cewa kaɗan ne suke sauya ra'ayi saboda yaƙin neman zaɓe. Yawanci mutum yana bin danginsa da mutanen da yake ganin girmansu.

Yanzu mu dawo gida. A zagayen farko na zaɓen 1993, Tanja Mamadu ya zo na ɗaya, Mahaman Usman na biyu, Mahamadu Isufu, ɗan Dandaji ta ƙasar Illela, na uku. Isufu ya mara wa Usman baya, shi da abokan ƙawancensu, Usman kuwa ya ci ran 27 ga Maris. Wannan umurni na jam'iyya ya bi ta bakin mutane, daga kasuwar Birnin Ƙonni zuwa Malbaza, daga zaure zuwa bakin rijiya. Isufu kansa sai 2011 ya sami mulki, bayan shekara 18 yana nema.

Ke nan, jama'a, akwati yana nuna fuska, yana kawo zance, amma a zaure ake yanke shawara. Duk ranar da ka ga mai neman ƙuri'arka, kar kyan rawani ya ruɗe ka. Ka saurara: me ya ce game da taki, da rijiya, da likita, da makarantar yara? In bai ambace su ba, kai ka tayar da zancen a majalisa. Wanda ya iya karatu kuma, ya rubuta alkawarin da aka yi, ya ajiye, don magana zarar bunu ce, rubutu kuwa shaida ne.

Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.