Bose Ogulu

Bose Ogulu (an haife ta ranar 19 ga Nuwamba, 1967), wadda aka fi sani da Mama Burna, 'yar kasuwa ce 'yar Najeriya kuma manajar mawaƙa. Ita ce mahaifiyar mawaƙi Burna Boy, kuma ita ke tafiyar da harkokinsa na waƙa.

Sana'ar gado ce a wurinta, domin mahaifinta, Benson Idonije, shi ne manajan Fela Kuti na farko. Ta karanci harsunan waje a Jami'ar Fatakwal, ta yi aikin tafinta, ta kuma koyar da Faransanci.

Ta riƙe ragamar aikin ɗanta har zuwa 2014, suka raba gari a harkar, sannan ta dawo a 2017. Bayan dawowarta ne sunansa ya game duniya. A 2019 ita ta hau dandamali a Los Angeles ta karɓa masa lambar yabo ta BET, inda ta tunatar da baƙar fata cewa Afirka ce tushensu. Tana cikin waɗanda suka jagoranci shirya kundin Twice as Tall, wanda ya ci Grammy a 2021.