Knute Rockne da Riwayar Jifan Ƙwallo

Wani mai karatu ya aiko mana da tambaya, wai shin gaskiya ne Knute Rockne, mai horar da 'yan wasan Jami'ar Notre Dame, shi ne ya ƙago jefa ƙwallo gaba a wasan nan na Amurka da ake rungume ƙwallo ana gudu ana kokawa. Amsar tana bukatar bincike, domin riwayoyi biyu ne suka ci karo a kan wannan mas'ala.

Riwayar da ta fi yaɗuwa ta ce, a bazarar 1913 Rockne, ɗan asalin ƙasar Norway da aka haifa a 1888, wanda ya yi shekara huɗu yana aiki a gidan waya na Chicago kafin ya tara kuɗin shiga jami'a, ya tafi aikin hutu a Cedar Point, bakin tafkin Erie, tare da abokin wasansa a ƙungiyar Notre Dame, Gus Dorais. A can, bisa rairayi, Dorais yana jifa, Rockne yana gudu yana cafewa da hannuwa a miƙe, maimakon ya tsaya ya tare da ƙirji kamar yadda aka saba. Ran 1 ga Nuwamba suka je West Point, suka fuskanci ɗaliban makarantar soja, waɗanda suka fi su jiki, Dorais ya yi jifa 17, aka cafe 14, Notre Dame ta yi galaba da ci 35 da 13. Fim ɗin da aka yi a kan Rockne a 1940, wanda Ronald Reagan ya fito a cikinsa, ya ƙara kafa wannan labari a zukatan jama'a.

To, wasan dai ya auku, babu jayayya, amma da'awar ƙagowa isnadinta da rauni. Tun a 1905, da matasa kusan ashirin suka rasa rayukansu a wannan wasa, har Shugaba Theodore Roosevelt ya kira wakilan Harvard da Yale da Princeton ya ja musu kunne, aka sake dokoki, aka halatta jifan gaba a 1906. Kuma a wannan shekara Eddie Cochems na Jami'ar St. Louis ya gina dabararsa a kansa, ɗan wasansa Bradbury Robinson ya jefa tun watan Satumba, suka ci wasanninsu 11 baki ɗaya. Laifin Cochems kawai shi ne ya yi aikinsa nesa da idon manyan jaridun New York, alhali kuwa Rockne a gabansu ya yi nasa. A ganinmu wannan riwaya ita ce sahihiya, Rockne kuwa mai rayawa ne da yaɗawa, wanda wannan ma daraja ce ta kanta.

Sauran tarihinsa sananne ne. Ya shugabanci ƙungiyar daga 1918 zuwa 1930, ya ci wasa 105, aka cinye shi 12, ya yi kunnen doki 5, ya ɗauki kambin ƙasa sau uku. Ajali ya riske shi ran 31 ga Maris 1931, lokacin da fiffiken katako na jirgin da yake ciki ya karye a samaniyar Kansas, haɗarin da ya hanzarta komawar kamfanonin sufuri ga jiragen ƙarfe. Cochems kuwa ya rayu har 1953, sunansa bai ko kai rabin inda na Rockne ya kai ba.