Taubasantaka: Zagin da ba ya Jawo Faɗa

Wanda ya zauna a kasuwannin ƙauyukan Safo, kudu da Maraɗi, ba zai rasa jin wani Bafulatani ya dubi Babarbare ya ce masa "bawana" ba, jama'a su tuntsire da dariya, wanda aka zaga ma ya fi kowa darawa. Amma da baƙo ne ya furta wannan kalma, da sai an kai ga gaban mai gari. Kalmar ba ƙarama ba ce: sai a 2003 Nijar ta sanya bautar da mutum cikin laifuffukan da doka ke hukuntawa. To, me ya mayar da ita abin dariya?

Masana sun daɗe suna juya wannan tambaya. Thomas Hobbes ya ce a 1651 mutum kan yi dariya ne idan ya ga kansa sama da wani. Wannan bai gamsar da ni ba, domin taubashi ba ya fin taubashinsa: yau ka zaga, gobe a rama. Radcliffe-Brown ya fi kusa da gaskiya a 1940, da ya kira abin rashin ladabi wanda al'ada ta halatta. A 2010 McGraw da Warren suka nuna cewa dariya na zuwa ne idan an keta wata iyaka, amma kowa ya tabbata babu cuta.

Wannan tabbaci tarihi ne ya gina shi, kuma ƙasar Maraɗi ta san tsadarsa. Katsinawan da jihadi ya kora a 1807 su suka kafa sarautarsu a Maraɗi, Gobirawa kuma suka zauna Tsibiri bayan yaƙin Gawakuke na 1836. Mutanen da suka rayu shekaru da dama cikin hare-hare sun san bambancin zagin gaba da zagin wasa. Bakatsine na da Banufe, Bagobiri na da Bazabarme da Bayarbe, ɗan mace na da ɗan namiji, kuma a watan cika-ciki ake bin juna kuɗin shara.

UNESCO ta sanya wasan taubasantaka na Nijar cikin gadon al'adun duniya a 2014. Sai dai takarda ba ta koya wa yaro wane ne taubashinsa. Barkwancin da aka yi a inuwar kuka, idan ya faɗa WhatsApp, yakan isa ga wanda bai san mai maganar ba, bai san kakansa ba, zagin kawai ya ji.