Kyanwar Bakin Ruwa da Labarin Tsibirin Marion

Tun kafin a rufe madatsar Kainji a 1968 har ruwa ya tashi mutum wajen 44,000 daga gidajensu, Gungawan tsibiran Yauri da Sarkawa masunta sun san amfanin kyanwa. Inda ake banda kifi, ga rumbun gero a gefe, ɓera ba ya rasa hanya. Ita kuwa kyanwa albashinta kan kifi ne da ƙaya. Ba a ɗaure ta, ba a ƙirga 'ya'yanta. Shi ya sa a matsayar jirage, daga Yelwa har ƙauyukan Ngaski da Shanga, ake ganin muzurai marasa ubangida suna kewaya kwandunan kifi.

Irin wannan taro shi annobar kyanwa ke so. Likitocin dabbobi na kiranta fanlukofeniya. Ƙwayar cutar na cinye fararen ƙwayoyin jini, sai amai da zawo, ƙaramar kyanwa ta lanƙwashe a bakin kwanon ruwa ta kasa sha. Ƙwayar kan yi shekara a ƙasa ba ta mutu ba. Ba ta kama mutum. Wadda ta tashi daga ciwon kuwa ta sami kariya har ƙarshen rayuwarta.

Akwai inda aka mayar da cutar makami. A 1949 ma'aikatan tashar yanayi a tsibirin Marion na Afirka ta Kudu sun kai kyanwa biyar don su kama musu ɓeraye. Sai kyanwoyin suka gano tsuntsayen teku masu sheƙa a rami sun fi ɓera sauƙin kamu. Zuwa 1977 sun kai kusan 3,400, suna cin tsuntsaye fiye da 400,000 a shekara. A shekarar aka sa wa wasu kyanwoyi cutar da gangan aka sake su.

Ta yi ɓarna ƙwarai. Zuwa 1982 saura kimanin 600. Daga nan ta tsaya cak, don waɗanda suka tsira sun zama masu kariya, uwa kuma na ba jarirai tata ta cikin nono. Dole aka koma ga bindiga da dare daga 1986, sannan tarko da guba, har aka kama na ƙarshe a 1991. Ɓerayen da aka kawo kyanwa dominsu suna nan, yau ma su ne ke cin 'ya'yan tsuntsayen da ransu.

Marion ma ke nan, tsibirin da jirgi ba ya zuwa sai jefi-jefi. A bakin tafkin Kainji, inda kwale-kwale ke kai da kawowa duk ranar kasuwa, gurbin da annoba ta bari ba ya daɗewa sabuwar kyanwa ta cike shi. Kafin ta iso, ɓera ne ke cin kasuwarsa, shi da aka sani da yaɗa zazzaɓin Lassa. Allurar rigakafin annobar kyanwa ta daɗe da samuwa, sai dai a ƙauye kuɗin allura na shanu da awaki ne.