Daga Fili Zuwa Wuri: Suna da Zama a Tarihin Kuje da Birnin Tarayya

1.0 Gabatarwa

A ranar 3 ga watan Fabrairu 1976, kwana goma kafin a kashe shi, Janar Murtala Muhammed ya sanar da cewa za a ɗauke babban birnin Nijeriya daga Legas zuwa tsakiyar ƙasa. Doka ta 6 ta wannan shekara ce ta kafa Yankin Birnin Tarayya, bisa shawarar kwamitin Mai Shari'a Akinola Aguda wanda aka naɗa a watan Agusta 1975. An yanko kimanin murabba'in kilomita 8,000 daga jihohin Neja da Filato da Kwara na wancan lokaci. Manyan hujjojin da aka kafa su ne cewa yankin yana tsakiya, yana da yalwar fili, kuma ba ya hannun ko ɗaya daga cikin manyan ƙabilun ƙasar.

Hujja ta ƙarshe gaskiya ce, amma da yawa sun ji ta kamar an ce yankin ba na kowa ba ne. Alhali kuwa Gbagyi da Gade da Koro da Gwandara da Bassa da Ganagana suna zaune a can da garuruwansu da gonakinsu da kaburburan kakanninsu. Maƙasudin wannan maƙala shi ne duba yadda fili ke zama wuri, da yadda suna ke shiga cikin wannan aiki, ta hanyar bin tarihin Abuja da na Kuje, garin da ke kimanin kilomita 40 kudu maso yamma da tsakiyar birnin.

2.0 Raya Wuri a Idon Masana

Turawa suna da wata kalma da ma'anarta ta zahiri ita ce "yin wuri", wadda a nan za a kira ta raya wuri. Kowane fanni da abin da yake nufi da ita. Masu tsara birane sun gaje ta ne daga tunanin irin su Jacobs (1961) da Whyte (1980), waɗanda suka soki manyan taswirorin da ake zanawa a ofis, suka nuna cewa titi ko dandali ba ya rayuwa sai mutane sun sami dalilin tsayawa a cikinsa. A wurinsu, raya wuri aiki ne da ake shiryawa: a dasa itace don inuwa, a sa wurin zama, a bar mai talla ya kasa kayansa. Masana labarin ƙasa, musamman Relph (1976) da Tuan (1977), sun ɗauki abin ta fuskar zuciya, wato fili yana zama wuri ne idan ɗan Adam ya san shi, ya saba da shi, ya ɗora masa ma'ana. Lefebvre (1974) kuwa ya kawo batun iko: wane ne ke da ƙarfin yanka fili, don amfanin wa?

Wanda ya fi kusa da masu nazarin harshe shi ne Basso (1996), da ya yi aiki a cikin al'ummar Apache ta Amurka, ya nuna cewa sunayen duwatsu da rafuffuka su ne ma'ajiyar tarihinsu da tarbiyyarsu. Ambaton sunan wani wuri kaɗai ya isa ya zama gargaɗi ga wanda ya kauce hanya. Wannan fahimta ce ta fi amfani a nan, domin a Birnin Tarayya an yi ta raba suna da mai shi fiye da sau ɗaya.

3.0 Abin da Hausa ta Riga ta Bambance

Bahaushe bai jira waɗannan masana ba kafin ya raba fili da wuri. Fili shi ne abin da ake aunawa, a saya, a sayar. Wuri kuwa yana da mai shi, har kalmar ta zama hanyar nuna mutum kansa: a kan ce "na je wurin malam" ko da malamin yana tafiya a kan hanya. Idan aka ce wane "ya sami wuri", ana nufin ya sake har ya wuce gona da iri. Kalmar mahaifa ta haɗa ma'ana uku: inda ɗa ke kwanciya a cikin uwa, da abin da ke biyo shi wanda ake binnewa a gida, da garin da aka haife shi. Da wuya a sami bayani a kan dangantakar mutum da ƙasa da ya fi wannan kalma guda.

Akwai kuma jerin kalmomi da ke nuna matakan zama. Daji ake sara, sai a yi tunga, tunga ta zama ƙauye, ƙauye ya zama gari. Matafiya suna yada zango, wani zangon ya daɗe har ya zama unguwa, kamar yadda zangunan Hausawa suka zama a Kumasi da Akara. Birni shi ne garin da ke da ganuwa da fada da babbar kasuwa, kamar yadda Kano ta sami Kasuwar Kurmi da Gidan Rumfa a zamanin Sarki Muhammadu Rumfa (1463-1499). Idan mutane suka tashi, gida ya zama kango, gari ya zama kufai. Abin lura shi ne kufai ba ya komawa daji a bakin mutane. Yana riƙe da sunansa muddin akwai mai tuna wanda ya zauna a cikinsa.

4.0 Abuja ta Farko

Sunan Abuja ya girmi birnin da ke ɗauke da shi yau da kusan shekara 150. Bayan mayaƙan jihadi sun ci Zariya a farkon ƙarni na 19, Sarkin Zazzau Muhammadu Makau ya yi kudu da jama'arsa zuwa wajen Zuba. An kashe shi a yaƙi kusa da Lapai a 1825. Ƙanensa Abubakar, wanda ake kira Abu Ja saboda hasken fatarsa, ya gaje shi, ya kafa gari a 1828 kusa da Dutsen Zuma, garin ya ci sunansa. Malam Hassan da Malam Shu'aibu Na'ibi sun rubuta tarihin wannan masarauta, an buga fassararsa ta Ingilishi a 1952, Smith (1960) kuma ya yi nazarin tsarin sarautarta.

Wannan raya wuri ne irin na Bahaushe: ganuwa, fada, sarautu da aka ɗauko daga Zariya, har da laƙabin Sarkin Zazzau da sarakunan garin ke riƙe da shi zuwa yau. Sai dai adalci ya sa a faɗa cewa su ma ba daji suka tarar ba. Ƙasar Koro da Gbagyi da Gade ce, kuma da zuwan masarautar sunayen Hausa suka hau kan mutane da garuruwa. Gwari, sunan da Hausawa ke kiran Gbagyi da shi, ya shiga takardun Turawa ya zauna, duk da cewa masu shi ba su kiran kansu haka, kuma Hausa ta ɗora wa kalmar ma'anonin raini da ba sai an jero su ba.

Da aka tashi raɗa wa sabon birni suna, sai aka ɗauki na tsohon garin, shi kuma aka mayar da shi Suleja, daga sunan Sarki Sulaimanu Barau. Garin da ya ba da sunan bai ma shiga cikin yankin ba; yana Jihar Neja. Daga nan ruɗani ya shigo. Tukwanen da duniya ta sani da sunan na Abuja, waɗanda Ladi Kwali ta yi a cibiyar da Michael Cardew ya kafa a farkon shekarun 1950, a Suleja aka gina su. Ɗalibin da ya karanta "Abuja" a takardar da aka rubuta kafin 1976 yana iya kai tunaninsa inda marubucin bai taɓa nufi ba.

5.0 Taswira da Sunayen da Aka Bari

Shirin farko shi ne a kwashe dukkan mazauna yankin a kai su jihohin da ke maƙwabtaka. Binciken da Farfesa Akin Mabogunje na Jami'ar Ibadan ya jagoranta a 1977 ya nuna cewa mutanen sun fi yadda aka zata yawa, kuma diyyarsu ta fi ƙarfin aljihun gwamnati. A 1978 gwamnatin Janar Obasanjo ta sauya shawara: waɗanda ginin birni ya taɓa kai tsaye kawai za a tasa. A 1979 kamfanin International Planning Associates ya miƙa babbar taswirar birnin, Kenzo Tange na Japan kuma ya tsara tsakiyarsa. Gwamnati ta tare a ranar 12 ga Disamba 1991, zamanin Janar Babangida.

Abin da ya faru da sunaye a nan ya cancanci a tsaya a kansa. Garki da Wuse da Maitama da Asokoro da Jabi da Utako sunayen ƙauyuka ne da taswira ta tarar. An riƙe sunayen, aka ba manyan unguwanni, amma da yawa daga masu su aka ɗauke su. Mutanen Wuse sun koma Sabon Wuse a Jihar Neja, wasu ƙauyukan aka kai su Kubwa. Ke nan an sami abin da Hausa ba ta da kalmarsa: kufai da ke cike da benaye. A cikin unguwannin kuma aka shimfiɗa wasu sunaye daban. Titunan Maitama da yawa sunayen kogunan duniya suke ɗauke da su, na Asokoro na shugabannin Afirka, Garki kuwa aka raba ta da lambobi, har direban tasi Bahaushe ya saba da "Eriya Wan" kamar sunan gargajiya. Scott (1998) ya yi irin wannan suka ga Barasiliya, babban birnin Barazil, inda ya ce an tsara ta don idon mai mulki ya gane ta, ba don ƙafar mai zama ba.

A fuskar doka kuwa, Doka ta 6 ta danƙa dukkan ƙasar yankin ga Gwamnatin Tarayya, sashe na 297 na Tsarin Mulkin 1999 ya sake tabbatar da haka. Manomin da ya gaji gona daga kakansa yana nomanta ne har ranar da aka yanka ta aka ba wani da takarda.

6.0 Kuje

Kuje ba ta cikin zagayen farko na taswirar, don haka ba a tashe ta ba. Gari ne da ya daɗe, sarkinsa yana da laƙabin Gomo, wanda sarautar Gade ce, kuma Gbagyi da Hausawa da Fulani da wasu sun daɗe suna zaune tare da su. Yau ita ce hedikwatar ɗaya daga cikin ƙananan hukumomi shida na yankin, tare da Abaji da Bwari da Gwagwalada da Kwali da ta cikin birni. Ƙasarta ta miƙa har Rubochi da Gaube da Gwargwada, ƙidayar 2006 kuma ta ba ta mutum kimanin dubu 97. Doya da masara da dawa da ake nomawa a can suka sa ake yi mata kirari da rumbun abincin Abuja.

Amma ba wannan ne abin da sunan ke kawowa a ran yawancin 'yan Nijeriya ba. A 1989 aka buɗe gidan yari a gefen garin. Da yake manyan kotunan tarayya suna Abuja, nan ake ajiye waɗanda shari'arsu ta ja hankalin ƙasa, har da tsofaffin gwamnoni. Sannu a hankali jaridu da gidajen rediyo suka daina cewa "gidan yarin Kuje", suka koma cewa "an kai shi Kuje", kamar yadda Kirikiri ta Legas da Kurmawa ta Kano suka zama. Masana adon harshe sun san wannan salo na kiran abu da sunan inda yake. A nan illarsa a fili take: gari mai sarki da kasuwa da tarihi ya koma sunan katanga guda. Dokar 2019 ta sauya wa gidajen yarin ƙasar suna, Hausa ta fassara da gidan gyaran hali, amma wannan bai 'yanta sunan garin ba. Fashewar bam ta 2 ga Oktoba 2015 da harin 5 ga Yuli 2022, wanda ƙungiyar ISWAP ta ɗauki alhakinsa kuma fursunoni fiye da 800 suka tsere a cikinsa, sun ƙara ɗaure sunan da labarin tsoro.

Ta ɗaya gefen, Kuje ta zama matattarar waɗanda birni ya tunkuɗo. A zamanin Minista Nasir El-Rufa'i (2003-2007) an rushe unguwanni da dama da sunan dawo da taswira kan asalinta, wasu daga cikin waɗanda aka rushe wa gidaje a Idu da Karmo kuma aka ba su filaye a Pegi, cikin ƙasar Kuje. Fili aka ba su a ma'anar da aka bayyana a sama: an auna, an kafa duwatsu, an ba da lamba. Sauran aikin su suka yi da hannunsu: haƙa rijiya, kafa rumfar kasuwa, gina masallaci da coci, da neman a gyara hanyar da ke haɗa su da gari. Ma'aikacin da hayar gida a Wuse ta fi ƙarfinsa shi ma Kuje ya nufa, ya riƙa sammako yana bin hanyar filin jirgin sama zuwa ofis. Gonakin da aka yanka masa kuwa na ɗan Gade ne ko na ɗan Gbagyi, wanda a bakinsa kowace fadama da kowane tudu a wurin yana da suna, kuma waɗannan sunaye ba su shiga takardar mai awon fili ba.