Don Cherry: Kocin da Bakinsa Ya Ɗaukaka, Bakinsa Ya Kayar

Duk wanda ya taɓa zama a gidan kallon ƙwallo a Gwandu ko Kalgo ya san cewa gardama ba ta ƙarewa da busa usur; maganar mai sharhi kan fi wasan kansa daɗewa a bakin mutane. A Kanada, inda hokin ƙanƙara yake da matsayin da ƙwallon ƙafa yake da shi a Najeriya, mutum ɗaya ne ya riƙe wannan kujera kusan shekara 40.

An haifi Don Cherry a Kingston, cikin lardin Ontario, a 1934. Ya shafe ƙuruciyarsa a ƙananan ƙungiyoyi, wasa ɗaya tak ya buga a babbar gasar NHL, a 1955. A horarwa ne ya yi suna: ya karɓi Boston Bruins a 1974, aka zaɓe shi gwarzon koci a 1976, ya kai su wasan ƙarshe na Kofin Stanley a 1977 da 1978, Montreal na doke su duka biyun.

A watan Mayun 1979 suka sake haɗuwa da Montreal a wasan kusa da na ƙarshe. Boston na gaba, saura 'yan mintoci a tashi, sai aka kama ta da 'yan wasa fiye da ƙa'ida a fili. Aka fitar mata da mutum ɗaya, Guy Lafleur ya farke, Montreal ta yi nasara a ƙarin lokaci. Daga nan Cherry ya bar Boston. Ya yi kaka ɗaya a Colorado, aka sallame shi a 1980.

A shekarar ne gidan talabijin na CBC ya ɗauke shi sharhi, daga bisani aka ba shi filinsa na Coach's Corner a hutun farko na wasan daren Asabar. Riguna masu ƙyalƙyali, ɗaga murya, yabon masu dambe a fili da raina 'yan wasan Turai: da su ya kafa suna. A 2004 CBC ta fara jinkirta maganarsa da daƙiƙa bakwai domin tace ta, amma a shekarar ce masu kallo suka sa shi na bakwai cikin fitattun 'yan Kanada a tarihi.

Ranar 9 ga Nuwamba 2019 ya zargi baƙin da suka zauna a ƙasar da cin arzikinta ba tare da sun maƙala jan furen tunawa da sojojin da suka mutu ba. Ya ƙi neman afuwa, tashar Sportsnet ta sallame shi bayan kwana biyu.

Kaifin harshen nan ne ya ciyar da shi shekaru, domin shi ne ke tara masu kallo. Abin da ya sauya shi ne Kanada: 'ya'yan baƙin nan su ma masu kallo ne yanzu, wasunsu ma 'yan wasa. Hausawa sun ce baki shi ke yanka wuya.